Dan Allah a taimaka min da labarina: ƙungiyar asiri mai son adana hayyacin wata tsohuwa don lokaci ya daina yagewa

'Yar Unguwar Sanusi

Assalamu alaikum jama'a, dan Allah ina neman shawarar masu ilimi da masu karatun labarai, wlh na maƙale a wani waje a labarin da nake rubutawa, yau kusan sati uku kenan ko layi ɗaya na kasa ƙarawa. Bari in ɗan warware muku yadda abin yake.

Gari ne na ƙirƙira a bakin wani babban kogi mai kadoji, kaman dai namu na nan Kaduna amma a wani zamani da babu mota babu lantarki. Sai lokaci ya fara yagewa a garin kamar tsohon zani. A unguwar marina ana sallar azahar, ƙetaren gada kuma har an yi isha'i an kwanta, mace ta ɗora tuwo ta juya ta ɗauko mara ta tarar ya kwana uku ya yi tsami, yaro a aike shi sayen daddawa ya dawo da furfura a gemu uwarsa ta kasa gane shi. To akwai wata ƙungiya da ba wanda ya san da ita, manyan masu sana'a ne su biyar, Sarkin Maƙera da Sarkin Aska da Sarkin Ruwa da babban marinin garin da wani masaƙi makaho, suna haɗuwa cikin dare a ƙasan wata tsohuwar rijiyar rini da aka daina amfani da ita a karofi. Su ne suka gano cewa akwai wata tsohuwa da tun tana budurwa kullum da asuba sai ta yi ƙulli ɗaya a jikin igiya, ba ta taɓa tsallake rana ba, kuma duk unguwar da take lokaci na zama daidai. Wato lissafinta ne ke riƙe da garin. Matsalar ita ce tsufa ya kama ta, ta fara mantuwa, wata rana ta yi ƙulli biyu wata rana ba ta yi ko ɗaya, shi ne garin ya rikice.

Sai suka yanke shawara a ɓoye za su ƙera wani tulu na tagulla su zuba hayyacinta a ciki kafin sauran ya zube, su liƙe baki su tsayar da lokaci cak a cikin tulun yadda ba abin da zai ƙara ɓacewa, ita kuma ta ci gaba da riƙe musu garin har abada.

Nan na tsaya. In lokaci ya tsaya a cikin tulun, shin ta san tana ciki? Tana jin wani abu? Na rasa yadda zan rubuta ta a can. Sannan ina jin tsoro kar in rubuta abin da zai taɓa min imani don maganar kamar ta shafi rai. Kuma gaskiya ba zan ɓoye muku ba, kakata ce ta sa na fara labarin nan, muna tare da ita a gida, gigin tsufa ya kama ta yau shekara huɗu, kullum in la'asar ta yi sai ta ce a duba ko Malam ya taso daga masaƙa a kai masa ruwa, alhali kakan namu ya rasu tun ina firamare, masaƙar da ya yi aiki a Kakuri ma an rufe ta fiye da shekara ashirin. Shi ya sa ba na son in yi wa labarin rubutun wasa.

Mai Gyaran Agogo, Kasuwar Barci

Wa alaikumus salam ɗiyata, Allah ya ba kakarki lafiya ya ba ku ladan jinya. Ni ban yi boko mai nisa ba kuma ba na rubuta labari, yarona ne ya karanta min tambayarki na ce a'a wannan kam ina da abin cewa, don shekara ta fi talatin ina buɗe cikin agogo.

Maƙeran nan naki sun yi kuskure tun a wajen ƙira, kuma kuskuren da mutane da yawa ke yi ne, suna ɗauka agogo riƙe lokaci yake yi. Ba ya riƙewa, sakinsa yake yi. In kika buɗe agogo mai wani, irin wanda iyayenmu suke dawowa da shi daga Makka, za ki ga wani siririn ƙarfe a nannaɗe kamar gammo, shi ne in kin yi wani yake ɗaurewa. In da za a bar shi da son ransa, cikin ƙiftawar ido zai warware gaba ɗaya hannuwan su yi ta juyi kamar farfela su tsaya. To sai aka sa masa wani ɗan ƙarfe mai baki biyu da ke kama haƙorin wili ya saki, ya kama ya saki, wannan kamawa da sakin shi ne ƙas ƙas ɗin da kike ji in kin kara a kunne. In ya kama bai saki ba agogo ya mutu, in ya saki bai kama ba shi ma ya mutu. Ko na batir ɗin nan haka ne, akwai ɗan dutse a ciki ƙarami kamar ƙwayar shinkafa da ke karkarwa sau 32,768 a kowace daƙiƙa, ana ƙirga karkarwar ne hannu ke motsawa. Ban taɓa ganin agogon da ke aiki ba tare da wani abu na motsi a cikinsa ba.

Saboda haka tsohuwarki ba tarin ƙullin da ta yi a baya ne ke riƙe garin ba, ƙullin da za ta yi gobe ne. In kika rufe ta inda gari ba ya wayewa da me za ta yi ƙulli? Kuma ai mutane suna kawo min agogon mahaifinsu da ya rasu wanda suka nannaɗe a tsumma suka sa a ƙasan adaka shekara goma don kar ya lalace, sai in buɗe in ga man da ke ciki ya daskare ya zama kamar ƙaro, haƙora sun cije. Wanda ake ɗaurawa kullum ana yi masa wani ya fi shi lafiya nesa ba kusa ba.

Malamin Fiziks daga Kawo

Baba mai agogo ya gama magana wlh, ni dai ƙari zan yi ta ɓangaren da nake koyarwa. Ƙanwata, abin da zai ba ki mamaki shi ne yagewar lokacin da kika ƙirƙira ba ƙarya ce zalla ba, lokaci ba ya tafiya daidai wa daida a ko'ina, masanin kimiyya Einstein ya nuna haka a 1905 da 1915, gudu na rage saurin agogo, nauyin jan ƙasa ma na rage shi. A 1971 wasu masana biyu a Amurka, Hafele da Keating, suka ɗauki agogunan atam, wato agogunan kimiyya masu tsananin daidaito, suka hau jirgin fasinja da su suka zagaya duniya, da suka dawo agogunan sun saɓa da waɗanda aka bari a ƙasa kamar yadda lissafi ya ce. Kuma taurarin ɗan adam na GPS da wayarki ke amfani da su in kina neman hanya, agogonsu na wuce namu da wajen kashi 38 cikin miliyan na daƙiƙa a kowace rana, ƙanƙani ne sosai amma in ba a gyara shi ba taswirar za ta riƙa kauce wa da kusan kilomita goma a rana, kina Kawo ta ce kina can wajen Kakuri. To kin ga a duniyar gaske ma akwai masu aikin daidaita lokaci, kuma ba tsayar da shi suke yi ba, kwatanta agogo da agogo suke yi kullum ba hutu. Lokacin da duniya ke bi ba daga agogo ɗaya yake fitowa ba, ɗaruruwan agogunan atam ne a ƙasashe daban daban ake haɗa lissafinsu a wani ofishi kusa da Faris a fitar da guda. Ki riƙe wannan, ina ga zai yi miki amfani, sbd garinki ya dogara da mutum ɗaya tak.

Kan tambayarki kuma, amsa ta a'a ce, ba za ta san tana ciki ba. Tunani aiki ne da ke cin lokaci, ƙwaƙwalwa na da ƙwayoyin jijiya wajen biliyan 86 kuma saƙo suke miƙa wa juna, kafin ki ce "ga ni" a zuciyarki sai saƙo ya tashi daga wani waje ya isa wani waje. Ki tsayar da lokaci kin tsayar da saƙon a hanya. Akwai masu gwada irin dabarar maƙeranki fa da gaske, tun 1967 aka daskarar da gawar wani Ba'amurke James Bedford da fatan wata rana a tashe shi, har yau ana ajiye irinsu cikin sanyin da ya kai digiri 196 ƙasa da sifili, kuma ko mutum ɗaya ba a taɓa dawo da shi ba. Jiki suka adana, shi ma da ɓarnar ƙanƙara.

Ɗan Rigasa

Ni fa ban yarda a kashe mata dabarar ba gaskiya. Labarin ƙirƙira ne, ba jarrabawar fiziks ba, in marubuciya ta ce tulu na riƙe hayyaci to yana riƙewa. Mu da muka taso da labarin mayu masu kama kurwa su ɓoye a ƙwarya, da tatsuniyar dodon da ransa ba a jikinsa yake ba sai an je an nemo inda ya ajiye shi, wa ya taɓa tambayar lissafi? Anti ki bar gwajin ya yi nasara, garin ya daidaita kowa ya yi murna, sai dai masaƙin nan makaho shi kaɗai yake jin muryarta cikin dare daga ƙasan rijiyar. Ni abin da ya tsaya min a rai ma ba wanda ya taɓo shi, sun tambaye ta kuwa? Don me suke yi a ɓoye in alheri ne? Mutum biyar sun zauna cikin dare sun yanke wa tsohuwa hukuncin ɗaurin da ba ranar fita, ina 'ya'yanta ina jikokinta? A nan labarin yake wlh, ki sa ɗaya daga cikinsu ya zama ɗanta na cikinta ki ga yadda za mu kasa barci.

Malamin Islamiyya, Tudun Wada

'Yar uwa Allah ya saka miki da alheri da kika yi tunanin imaninki kafin alƙalaminki. Ƙirƙirar labari don a yi tunani ba laifi ba ne in dai ba a halatta haram ko a ba wani abin da yake na Allah ne shi kaɗai. Inda zan ja hankalinki shi ne ki raba rai da abin da mutum ya haddace a kansa. Ruhi an tambayi Annabi SAW game da shi, amsar tana cikin suratul Isra'i aya ta 85, cewa yana daga al'amarin Ubangiji kuma ba a ba mu ilimi ba sai kaɗan. To in mutanen labarinki suna zaton za su kama shi a tulu, ki bar su su yi zaton, mutane sun sha yin zato irin wannan, amma ke kar alƙalaminki ya gaskata su a kai.

Sannan ki koma ki karanta wurare biyu a nutse, za ki sami abin da ya fi wanda kike nema. Na farko Ashabul Kahfi, shekara 309 suna kwance a kogo, da suka farka ɗayansu ya tambaya tsawon lokaci nawa suka yi sai suka ce yini ɗaya ko wani yanki na yini, sai da suka aiki ɗayansu gari da kuɗin azurfa ya sayo abinci sannan al'amarin ya bayyana. Kin ga an kiyaye su amma ba su ƙirga komai ba, wannan ya zo daidai da maganar malamin fiziks. Kuma ki lura ba a bar su a sandare ba, ayar ta ce ana juya su dama da hagu. Na biyun ya ma fi kama da garinki, yana cikin Baƙara aya ta 259, mutumin da ya wuce wata alƙarya da ta rushe, malaman tafsiri da yawa suka ce Uzairu ne, Allah ya matar da shi shekara ɗari ya tashe shi, shi ma ya ce yini ko wani yankin yini, sai aka ce ya dubi abincinsa da abin shansa ba su canza ba, ya dubi jakinsa kuma ya zama ƙasusuwa. Wuri ɗaya, abinci ko tsami bai yi ba, jaki ya ruɓe ya ƙare. Duk lokacin da na zo wajen nan da ɗalibai sai na tsaya na daɗe. Bambancin kawai shi ne can Mai lokacin ne ya yi da kansa, naki kuma bayi ne ke son su yi da maƙera da zuga zugi.

Nas daga Barnawa

Slm. Malam maganar juyawa dama da hagu ta taɓa ni sosai, don mu a asibiti mara lafiyan da ba ya iya motsi duk bayan kamar awa biyu sai mun juya shi, in ba haka ba fatar bayansa da ƙugunsa ta mutu ta zama gyambo. Jikin ɗan adam ba ya son tsayawa waje ɗaya ko kaɗan.

Ƙanwata in kina son ki bi shawarar Ɗan Rigasa ki rubuta ta a farke a cikin tulun, to akwai mutumin gaske da ya rayu a kusan irin wannan halin, sunansa Clive Wearing, mawaƙi ne masanin kiɗa a Ingila, a 1985 wata cuta ta kama masa ƙwaƙwalwa ta cinye wajen da ke ajiye sabon abu, ya zama ba ya riƙe komai sai na 'yan daƙiƙoƙi. Aka ba shi littafi yana rubutu, sai ya rubuta lokaci ya ce yanzun nan ya farka, bayan ɗan jimawa ya ga layin ya soke shi ya sake rubuta cewa a'a yanzu ne ya farka na gaskiya, shafi bayan shafi haka, shekara da shekaru. Wannan shi ne mutum da aka tsayar masa da lokaci yana a farke, kuma ba hutu ba ne, firgici ne. Amma abu biyu ba su tafi ba, hannunsa bai manta kiɗan piyano ba, kuma duk sanda matarsa ta shigo sai ya tashi da murna ya rungume ta kamar ya shekara bai gan ta ba ko da yanzun ta fita.

Ina faɗa miki wannan ne sbd Hajiya kakarki ma, ba ta tuna shekara amma ba ta manta cewa akwai wanda take jira da la'asar ba. Dan Allah in ta tambayi Malam ku daina ce mata ya rasu, na sha ganin iyalai suna haka da kyakkyawar niyya, ita kuma kowane faɗi sabon mutuwa ne a wajenta, ta yi kuka ta manta dalilin kukan amma ɗacin ya zauna mata har dare. Ba sai kun yi mata ƙarya ba, ki zauna ki ce Hajiya ba ni labarinsa, wane irin abinci ya fi so in ya dawo. Rikicewar nan da yamma sananniya ce ga masu wannan lalurar, ku kunna mata fitila da wuri kafin duhu ya shigo, a rage hayaniya, kuma in ba ku taɓa kai ta likita ya duba ta kan mantuwar ba ku kai ta, wani lokacin akwai abin da ke ƙara rikita su da ake iya magancewa.

'Yar Unguwar Sanusi

Wlh na rasa bakin godiya, na karanta amsoshinku ya fi sau biyar, na Anti nas kuwa sai da na ajiye wayar na shiga ɗaki na yi kuka, don mu ne masu ce mata ya rasu, kullum, muna ganin kamar gaskiya muke faɗa mata.

Ga inda na tsaya yanzu kan labarin. Sarkin Maƙera zai zama ɗanta kamar yadda Yaya Ɗan Rigasa ya ce, shi zai ƙera tulun da hannunsa kuma ba zai tambaye ta ba don ya san amsar da za ta ba shi. Amma ba zan bar gwajin ya yi nasara ba Yaya, ka yi haƙuri, daren da suka liƙe bakin tulun garin gaba ɗaya zai tsaya a kan asuba, ladan ya ɗaga murya bai sauke ba, ruwan kogi ya tsaya da kada rabinsa a waje. Masaƙi makaho ne kaɗai zai iya motsi don shi dama ba da haske yake gane wayewar gari ba, da yawan zaren da ya wuce ta hannunsa yake ganewa, shi zai lallaɓa ya fasa tulun. Abin da zai biyo baya ban gama gani ba tukuna, amma maganar Malam na Kawo kan agoguna masu yawa tana ta yi min yawo, ina ganin igiyar za ta fita daga hannun mutum ɗaya ta shiga gida gida, kowace unguwa da mai ƙullinta, da safe su haɗu a bakin gada su gwada. Ita kuma tsohuwar a mayar da ita ɗakinta, jikarta ta riƙa kama mata hannu suna ƙullin tare ko da ta manta na mene ne.

Jiya da la'asar na gwada abin da Anti ta ce. Da ta ce a duba ko Malam ya taso sai na jawo tabarma na zauna kusa da ƙafarta na ce Hajiya wai a kan me yake dawowa ne, ta dube ni kamar na yi tambayar yara ta ce keke mana, baƙi, yana ɗaure ƙafar wandonsa da roba kar sarƙa ta kama, kuma kullum da auduga a gashin kansa sai ta cire masa kafin ya yi alwala. Ta yi ta ba ni labari har aka kira magariba, ba ta sake tambaya ba a daren.

Baba mai agogo, agogon kakan namu na nan a ƙasan adakarta a nannaɗe cikin ɗankwali, irin mai wanin ne, na ɗauko shi ɗazu na kara a kunne shiru. In na shigo kasuwa ranar Asabar zan nemi layin masu gyara in kawo a buɗe a gani ko man ne ya daskare, ina so in ɗaura mata shi a hannu.